Wa ke da fim, mai fuska ko mai biro? Abin da ya samu June Mathis

A birnin Los Angeles akwai wata maƙabarta da ake kira Hollywood Forever, a cikinta akwai wani gini da aka jera kaburbura a jikin bango kamar durowa, irin yadda wasu Turawa ke binne nasu. Duk shekara ranar 23 ga Agusta mutane na taruwa a gaban ɗaya daga cikin durowowin nan da furanni, saboda a nan Rudolph Valentino yake kwance, jarumin da matan Amurka suka haukace a kansa a shekarun 1920. A gefensa daf da shi akwai wata durowar mai ɗauke da sunan June Mathis, wata marubuciyar fim, kuma yawancin masu zuwa da furen nan ba su san cewa wurin da gwanin nasu yake kwance ma ta dalilin matar nan ya same shi ba, ya mutu da bashi a kansa babu ko wurin da za a sa shi, ita ce ta ce a kawo shi nata wurin tukunna. Kai ba kabarin kaɗai ba, sunan da ya yi a duniya gaba ɗaya ita ce ta ɗora shi a kan hanyarsa.

Ni dai tun da na san labarin matar nan abin yake ci min rai, kuma shi ya sa duk lokacin da aka tayar da gardamar nan ta wa ke da fim, jarumi ne ko darakta ko mai kuɗi, nake cewa a'a ku tsaya, kun tsallake mutum ɗaya, kuma shi ne na farko a layi.

An haife ta a wani garin masu haƙar ma'adinai da ake kira Leadville a jihar Colorado, ta taso a Salt Lake City, sunan Mathis ɗin ma na mijin mahaifiyarta ne ta ɗauka. Da wasan dandamali ta fara tun tana yarinya, ta yi shekaru tana yawo gari gari da 'yan wasa, kuma ni a ganina wannan yawon shi ne makarantarta ta gaskiya, don wanda ya tsaya a gaban jama'a dare bayan dare ya san inda suke yin dariya, ya san inda suke fara hamma, ya san lokacin da zauren ke yin tsit har ka ji numfashin mutane. Da ta yanke shawarar komawa rubutu sai ta tare a New York tana karatu da rana tana shiga sinima da dare, ta shiga wata gasar rubutun fim ba ta ci ba, amma abin da ta rubuta ya yi kyau har kamfanoni suka fara nemanta. A 1915 aka yi fim na farko da labarinta, kafin shekara biyar ta cika ta zama shugabar sashen rubutu na kamfanin Metro. Mace, a lokacin da matan Amurka da yawa ba su ma samu 'yancin jefa ƙuri'a ba, don sai 1920 aka ba su a duk ƙasar.

To a nan sai an fahimci wane irin aiki ne rubutun fim a wancan zamanin, don in ba haka ba ba za a gane girman abin da ta yi ba. Finafinan lokacin ba su da sauti, bebaye ne, hoto ne kawai yake motsi sai wani mai piyano ko 'yan kiɗa a cikin sinimar suna rakiya, in magana ta zama dole sai a yanke hoton a nuno rubutu layi ɗaya ko biyu a kan baƙin allo. Ka ga kenan marubuci ba shi da damar ya cika takarda da surutu, ba zai ce wa jaruma ta zauna a falo ta yi minti bakwai tana ba ƙawarta labarin yadda mijinta ya canza ba, dole ya nemo abin da ido zai gani ya gane, ƙila ta ajiye masa abinci ya ture, ƙila ta tsinci wani abu a aljihunsa, yadda za ta riƙe abin da yadda hannunta zai yi rawa duk sai an rubuta. Mathis ta yi suna ne a kan wannan, rubutunta ba labari ne zalla ba, tana sa yadda wurin zai kasance, inda ɗan wasa zai tsaya, abin da zai yi da jikinsa, fitowa bayan fitowa, ta yadda in darakta ya ɗauki takardar fim ɗin ya riga ya ginu a cikinta. Kuma ba ta miƙa rubutu ta koma gida, tana nan wajen zaɓen 'yan wasa, tana nan wajen ɗauka, tana nan a ɗakin editin. Abin da yau za mu kira furodusa kenan, ko da a lokacin ba a cika liƙa mata sunan ba.

Babban aikinta shi ne The Four Horsemen of the Apocalypse na 1921. Littafi ne na wani marubucin Sifaniya, Vicente Blasco Ibáñez, labarin wani attajirin makiyayi a Ajantina mai 'ya'ya mata biyu, ɗaya ta auri Bafaranshe ɗaya ta auri Bajamushe, tsohon ya mutu kowa ya kwashi iyalinsa ya koma Turai, sai ga yaƙin duniya na farko, jikokin mutum ɗaya suka tsinci kansu suna harbin juna. Littafin ya sayu sosai a Amurka amma kamfanoni suna jin tsoronsa, na farko ya yi faɗi da yawa, na biyu an gama yaƙi a 1918 kowa ya gaji, masu sinima suna ganin ba wanda zai biya kuɗi ya sake kallon ramukan yaƙi. Shugaban Metro na lokacin, Richard Rowland, ya sayi haƙƙin littafin ya damƙa mata, ita ta zauna ta tace shi ya zama abin da za a iya ɗauka, ita ta ce Rex Ingram ne zai ba da umarni, sannan ta zo da maganar da ta fi tayar wa manyan kamfanin hankali, wai wani yaro ɗan Italiya da ba wanda ya sani, wato Valentino, shi zai fito a Julio, jikan attajirin ta ɓangaren Bafaranshen, wanda shi ne jarumin labarin.

Yaron nan ya shigo Amurka a 1913 ba shi da komai, ya yi aikin lambu, ya yi rawa da mata a gidajen rawa ana biyansa, da ya shiga fim kuma saboda kalar fatarsa da kamanninsa na baƙo kullum mugu ake ba shi, ɗan damfara ko mai lalata matan mutane. Ta gan shi ne a wani ɗan ƙaramin rol a wani fim na 1919, ta ce wannan ne. Ta san ya iya rawa, sai aka ba shi fili ya yi rawar tango a farkon fim ɗin, kuma wannan fitowar ta tango ita ce ta mayar da shi abin da ya zama, washegari Amurka ta tashi da sabon tauraro. Fim ɗin ya tara miliyoyin daloli, yana cikin bebayen finafinan da suka fi kawo kuɗi a tarihi.

Yanzu ga inda nake so a lura. Mai littafin, Ibáñez, an ba shi dala 20,000 a hannu da kashi 10 cikin ɗari na abin da fim ɗin ya kawo, saboda shi yana da takarda, yana da abin da ya mallaka ya sayar bisa sharaɗi. Valentino dala 350 ake biyansa a sati, da ya nemi ƙari Metro suka hana shi ya tattara ya koma wani kamfanin. Ita kuma Mathis ma'aikaciya ce, albashinta mai tsoka ne ba na musu, amma duk abin da ta rubuta na kamfani ne, don dokar haƙƙin mallaka ta Amurka ta 1909 ta ɗauki wanda ya ɗauke ka aiki a matsayin shi ne mawallafin abin da ka rubuta masa. Wato a idon doka ba ita ta rubuta ba, Metro ce ta rubuta. Wannan shi ne kura da shan bugu gardi da karɓar kuɗi, kuma har yau a kan wannan tsarin Hollywood take tafiya.

Wani zai ce to ai ta ji daɗi, ta samu muƙami, ta samu kuɗi, me kuma ake so. Gaskiya ne ta samu. Ta bi Valentino zuwa kamfanin Famous Players-Lasky ta rubuta masa Blood and Sand a 1922, a wannan shekarar da aka kama shi kan zargin ya yi sabon aure kafin sakin matarsa ta farko ya kammala a doka tana cikin waɗanda suka tsaya aka yi belinsa, daga nan kamfanin Goldwyn ya ɗauke ta ya ba ta shugabancin duk abin da ya shafi labari da tacewa, har inshorar dala miliyan ɗaya suka yi a kan rayuwarta don tsoron kar su rasa ta. Ba kasafai mace ke kaiwa nan a harkar ba. Amma ku duba yadda abin ya watse cikin shekara ɗaya tak, shi ne zai nuna muku cewa ikon da aka ba ta na aro ne, kuma kayan aro ba ya rufe katara.

Abu biyu ne suka haɗu mata a 1924. Na farko fim ɗin Ben-Hur. Goldwyn ya sayi haƙƙin labarin da tsada, ita aka ba ragamar aikin, ita ta rubuta, ita ta zaɓi darakta Charles Brabin da jarumi George Walsh, kuma ita ta dage sai an je Italiya an ɗauka a can tunda labarin zamanin daular Rum ne. A nan kam ba zan kare ta ɗari bisa ɗari ba, don zuwa Italiya ya zama masifa, ma'aikata suna rikici a lokacin da Mussolini bai daɗe da hawa mulkin ƙasar ba, gine-ginen da za a yi wasan a ciki sun ƙi ƙarewa, kuɗi na ta zuba kamar ruwa ba a ga abin kirki ba. Shawarar tata ce kuma ba ta yi kyau ba, wannan a faɗa. Amma abin da ba a cika faɗa ba shi ne da ta isa Rum daraktan da ita da kanta ta zaɓa ya hana ta sa baki a aikin, tana zaune tana kallo abin yana lalacewa ba ta da yadda za ta yi, saboda babu wata takarda da ta ce maganarta ce ta ƙarshe, abin da take da shi kawai yardar manyan da ke can Amurka. Su kuma manyan sai ga shi sun canza. A watan Afrilu na 1924 aka haɗe Metro da Goldwyn da kamfanin Louis B. Mayer aka samu MGM, Mayer da wani matashi Irving Thalberg mai shekara 24 suka karɓi ragama, suka kori Brabin suka kawo Fred Niblo, suka cire Walsh suka sa Ramon Novarro, ita ma aka ajiye ta gefe aka kawo wasu marubutan. Daga baya aka kwaso aikin aka dawo da shi Kalifoniya, a can aka ɗauki tseren keken dokin da ya yi suna, fim ɗin ya fito ƙarshen 1925 bayan ya ci kusan dala miliyan 4, babu beben fim da ya kai shi tsada. Kuma wa ya fi kowa cin riba? Mutanen da ke riƙe da haƙƙin labarin, su Abraham Erlanger, waɗanda suka sa hannu a kan rabin abin da za a samu, har MGM ɗin kanta ba ta ga riba a fitowar farko ba duk da cikar da sinimomi suka yi. Mai takarda dai, kullum mai takarda.

Na biyun shi ya fi min ciwo, maganar fim ɗin Greed. Erich von Stroheim darakta ne mai baiwa mai kuma taurin kai, ya ɗauki wani littafi na Frank Norris ya ce sai ya ɗauke shi kusan shafi bayan shafi, ya je San Francisco ya je hamadar Death Valley cikin zafin da ya kusa kashe ma'aikatansa, ya dawo da fim mai nadi 42, wajen awa tara kenan. Ba sinimar da za ta haska wannan. Shi da kansa ya rage shi zuwa 24, ya tura wa abokinsa Rex Ingram aka sake ragewa zuwa 18, a ƙarshe MGM ta ba wani mai suna Joseph Farnham ya datse shi zuwa nadi 10, sauran kuma aka lalata, har yau masana fim suna kukan wannan asarar. To sunan Mathis yana jikin fim ɗin a matsayin marubuciya saboda haka kwantiraginta na shugabar sashe ya tanada, Stroheim ya ji haushin hakan ƙwarai, kuma shekara da shekaru masu rubuta tarihin fim suna nuna ta da yatsa a matsayin matar da ta yanka gwanintar wani babban mutum. Alhali lokacin da aka yi yankan ƙarshe ba ta da iko a kamfanin, Ben-Hur ya riga ya cinye ta, masu ikon su ne Mayer da Thalberg, shi Thalberg ɗin ma ya taɓa korar Stroheim daga wani aiki tun suna Universal.

Ku dubi wannan rashin adalcin don Allah. Fim ɗin da ta gina tun daga tushe ana kiransa fim ɗin Valentino ko fim ɗin Rex Ingram, wanda kuma wasu suka datse ita ake ɗora wa laifin. In abu ya yi daɗi na jarumi ne da darakta, in ya ɓaci a nemo marubuci. Kuma abin ya ƙara muni ne daga shekarun 1950 da masu sharhin fim na Faransa suka fito da ra'ayin cewa darakta shi ne ainihin mawallafin fim, Amurkawa suka ɗauka suka shigar jami'o'i, aka koma ana rubuta tarihin fim kamar jerin sunayen daraktoci maza, mata irin su Mathis da Frances Marion da Anita Loos waɗanda su ne suka riƙe rubutun Hollywood a farkonta suka koma 'yan rakiya. Ni ban yarda da wannan ra'ayin ba sam. Ban raina darakta ba, na san akwai abin da kyamara ke yi wanda biro ba zai iya ba, amma darakta bai taɓa tsayawa a fili ya ce a fara ɗauka ba sai da wani ya riga ya yanke wa zai mutu wa zai rayu, wa zai ci amana kuma a wane lokaci mai kallo zai gane. Wanda ya yanke wannan shi ya riƙe zuciyar mai kallo, sauran duk suna yi wa shawararsa hidima ne.

Bayan MGM ba ta zauna ba, ta koma First National tana rubuta wa Colleen Moore finafinan barkwanci da suka karɓu, ta auri wani mai ɗaukar hoto ɗan Italiya, Silvano Balboni, wanda ta haɗu da shi a wajen aikin Ben-Hur. Tsakaninta da Valentino ma an samu saɓani, ta rubuta masa wani labari shi da matarsa Natacha Rambova suka ce bai yi ba a sake, ta ji zafin abin ta daina kula shi, kuma ni na fahimce ta, yaron da ka ɗauko daga inda ba wanda ya san shi yau shi ne ake aiko maka da saƙon ka gyara rubutu ta bakinsa. Sun shirya a 1926, 'yan makonni kaɗan bayan nan ya kwanta ciwo a New York aka yi masa aiki a ciki, ya rasu ranar 23 ga Agusta yana da shekara 31. Mutane wajen 100,000 suka cika titi don ganin gawarsa, har da fasa gilasai da 'yan sanda a kan dawakai, amma duk wannan soyayyar ba ta saya masa kabari ba, sai ita. Shekara ba ta cika ba, ranar 26 ga Yulin 1927 tana zaune a wani gidan wasan kwaikwayo a New York tana kallo zuciyarta ta buga, aka fito da ita ta cika, tana da wajen shekara 40, ta bar rubutun finafinai sama da 100. Sai aka matsar da Valentino zuwa durowar gefe wadda mijinta ya tanadar wa kansa, aka sa ta a nata. Ƙasa da wata uku bayan rasuwarta fim mai magana ya fito ya canza harkar gaba ɗaya, ba ta ga wannan ba, ba ta ga bikin Oscar na farko na 1929 ba.

Abin da ya ba marubutan Hollywood ɗan mutuncin da suke da shi yau ba kirkin masu kamfani ba ne, kuma ba baiwa ba ce, don in baiwa ce ai Mathis ta fi kowa. A 1933 kamfanoni suka zabge albashin ma'aikata da rabi da sunan tattalin arziki ya karye, marubuta suka fusata suka kafa ƙungiyarsu ta ƙwadago, Frances Marion na cikin shugabanninta na farko, Thalberg ya yaƙe su iya ƙarfinsa har da goya wa wata ƙungiyar kishiya baya, suka yi kusan shekara goma suna fafatawa kafin a sa hannu a yarjejeniyar farko a farkon shekarun 1940. Kuma babban abin da suka ƙwato shi ne ikon su da kansu su yanke sunan wa za a rubuta a matsayin marubucin fim, ba furodusa ya sa sunan wanda ya ga dama ba. Da wannan tsarin yana nan a 1924 da ba a liƙa mata Greed ba. Har a 2023 sai da suka ajiye biro kwana 148 a kan kuɗin da ake samu ta manhajojin kallo da kuma maganar ƙirƙirarriyar basira, Hollywood ta tsaya cak, manyan taurari da duk kyawunsu ba su da abin faɗa a gaban kyamara.

Ban ɗauko labarin nan don in ce mu da su ɗaya ba ne, kuɗinsu daban dokarsu daban zamaninsu daban. Amma duk wanda ya san harkar fim ɗin Hausa ya san wannan ciwon ba baƙo ba ne a wurinmu. Ka tambayi mai kallo sunan jarumai goma zai lissafo maka ba tare da ya numfasa ba, ka ce ya faɗi marubuci biyu sai ya fara sosa ƙeya. A fosta fuskoki ne, a hira da 'yan jarida fuskoki ne, marubuci an sallame shi tun ranar da ya kawo sikirif da ɗan abin da bai taka kara ya karya ba, wani lokacin ma rabi aka ba shi aka ce sauran sai fim ya fita, fim ya fita ya yi zango uku a YouTube ana ta kwasar kuɗin talla shi ko kati ba a tura masa ba. Na san wata baiwar Allah da ta kwashe watanni tana rubuta littafi a waya, cikin dare bayan yara sun yi barci, tana sakewa a guruf kaɗan kaɗan, wata rana sai 'yar uwarta ta turo mata wani shiri ta ce Yaya wannan ba labarinki ba ne, ta duba ta ga an canza sunaye an canza gari amma komai nata ne har da yadda uwar mijin ke magana. Da ta yi magana aka ce mata ai labari na kowa ne, kuma ta gode wa Allah ma an ga nata ya isa a ɗauka. Ta yi kuka ta haƙura don ba ta da takarda ba ta da mai tsaya mata, kuma a ce mace ta je tana jayayya da maza a kan kuɗi wasu a gida ma ba za su goya mata baya ba. Mafi yawan masu rubuta labaran da ake karantawa a arewa yau mata ne, kamar yadda mata suka cika ɗakunan rubutu na Hollywood kafin kuɗi ya yi yawa a harkar maza su karɓe kujerun, shi ya sa labarin Mathis yake min kama da gargaɗi.

Kuma ba wai babu doka ba, Najeriya ta yi sabuwar dokar haƙƙin mallaka da aka sa wa hannu a 2023, akwai hukumar da aka ɗora wa aikin. Amma doka ba ta bin mutum gida, in ka miƙa labarinka a kan amana da "haba ai mun zama ɗaya" to ranar da abin ya yi kuɗi za ka ji wani yaren. Mu muna jin kunyar takarda, muna ganin in ka ce a rubuta kamar ka zargi mutum ne, alhali aya mafi tsawo a Alƙur'ani a kan rubuta bashi ta sauka. Ni abin da nake so in gani shi ne marubuci ya daina sayar da labari kamar yadda ake sayar da akuya a kasuwa a karɓi igiya a wuce, a rubuta nawa ne a hannu, a rubuta kaso nawa ne in an ci gaba da shirin ko an sayar wa wata tasha, a rubuta cewa sunansa zai fito shi kaɗai a allo kuma a fosta, in za a canza labarin a rubuta wa ke da ikon canzawa. Kuma wannan ba abin da mutum ɗaya zai iya ba ne, in kai ka ƙi wani zai karɓa da rabin kuɗin, sai ƙungiyoyin marubutan da muke da su sun wuce taron ƙaddamar da littafi da rabon kambu sun koma masu cewa ɗanmu ba zai yi aiki a ƙasa da kaza ba, kuma duk wanda ya ci haƙƙin ɗaya daga cikinmu ba mai sake rubuta masa.

Na san furodusoshi ma suna da nasu kukan, kasuwar faifai ta mutu, masu satar fasaha sun gama da su, wani gidansa ya sayar ya yi fim bai mayar da ko rabi ba, kuma shi ke ɗaukar asara in abin ya faɗi ba marubuci ba. Na yarda, shi ya sa ma nake maganar kaso, in an faɗi a faɗi tare in an samu a samu tare. Abin da ban yarda da shi ba shi ne a ce babu kuɗin marubuci amma akwai na jarumin da za a biya ninki goma don ya zo ya faɗi kalmomin da wani ya kwana yana tsarawa.

Wani bincike da ɗakin karatu na majalisar dokokin Amurka ya fitar a 2013 ya nuna kusan kashi 70 cikin ɗari na bebayen finafinan ƙasar sun ɓace kwata-kwata, saboda irin fim ɗin da ake ɗauka da shi a lokacin yana ruɓewa kuma yana kama wuta da kansa, wasu sun ƙone a rumbunan kamfanoni, wasu kamfanonin ne da kansu suka zubar don suna ganin ba su da sauran amfani tunda sauti ya zo. Da yawa daga cikin ayyukan Mathis sun tafi a haka, ba ita ke da su ba balle ta adana, ba ta bar 'ya'yan da za su bi kadi ba, mijin ma daga baya ya sayar wa dangin Valentino durowar ya koma Italiya. The Four Horsemen dai ya tsira, a 1995 aka sa shi cikin jerin finafinan da gwamnatin Amurka ke adanawa, kuma yana nan a intanet kyauta ga mai son gani. Ya haura awa biyu, babu magana sai kiɗa, ku daure ku wuce tangon ku kai inda 'yan uwan nan biyu suka haɗu a ramin yaƙi cikin dare da ruwan sama, kowa da kakin ƙasarsa, suka gane juna.